Tarihin Sarkin Musulmi Attahiru na Ɗaya, wanda ya kwanta dama a Burmi

Sarkin Musulmi Muhammadu Attahiru ɗan Ahmadu, wanda aka fi sani da Attahiru na Ɗaya, shi ne na 12 a jerin shugabannin daular Usmaniyya idan aka fara ƙirga daga Shehu Usmanu Ɗanfodiyo, kuma shi ne na ƙarshe da ya hau gadon sarautar kafin Turawa su ci daular. Watanni biyar kacal ya yi a fadar Sakkwato. Sauran watanni huɗu da 'yan kwanaki na rayuwarsa a kan hanya ya yi su, yana tafe da dubban jama'a zuwa gabas, har zuwa ranar 27 ga watan Yulin shekarar 1903, ranar da sojojin Birtaniya suka kashe shi a garin Burmi da ke cikin jihar Gombe ta yanzu.

Attahiru dai ɗan gidan Atiku ne. Mahaifinsa Ahmadu, wanda ake yi wa laƙabi da Zaruku, ya riƙe sarautar Musulmi daga shekarar 1859 zuwa 1866, kakansa kuma Abubakar Atiku ɗan Shehu ya riƙe ta daga 1837 zuwa 1842. Kafin sarauta ta zo masa yana zaune ne a Cimmola, ribaɗin da mahaifinsa ya kafa a arewacin Sakkwato domin tsare iyaka daga hare-haren Gobirawa da Abzinawa. Ɗan'uwansa Muhammadu Maiturare, Marafan Sakkwato, shi ne ke riƙe da Gwadabawa a wannan yanki. Ke nan a gidan malanta ya tashi, amma kuma a bakin daga.

Gadon da ya tarar

A watan Oktoban 1902 ne Allah ya yi wa baffansa Sarkin Musulmi Abdurrahman rasuwa, wanda saboda tsananinsa ake kira Ɗanyen Kasko. Masu zaɓen sarki suka tsayar da Attahiru ɗan Ahmadu, bayan da aka yi takara tsakaninsa da wani mai irin sunansa, wato Attahiru ɗan Aliyu Babba na gidan Bello.

To sai dai daular da ya gada tuni aka fara yi mata cin ƙwan makauniya daga gefe. Tun ranar 1 ga watan Janairun 1900 Frederick Lugga ya tsaya a Lakwaja ya yi shelar cewa arewacin Nijeriya ya shiga ƙarƙashin kariyar Birtaniya, alhali mafi yawan ƙasar da yake magana a kai ko taka ta bai taɓa yi ba. A shekarar 1901 aka ci Kwantagora da Bida da Yola, a 1902 kuma Bauchi da Zariya suka fita daga hannun Sakkwato. Ta arewa Faransawa sun riga sun kama Damagaram tun 1899, sun kuma kashe Rabeh a Kusuri a 1900. Jamusawa suna ta ɓangaren Adamawa.

Daɗin daɗawa, 'yan kwanaki kafin naɗin Attahiru, Magajin Keffi Ɗan Yamusa ya kashe jami'in Birtaniya Kyaftin Moloney, ya tsere zuwa Kano inda Sarki Alu ya karɓe shi hannu bibbiyu. Wannan ya zame wa Lugga hujjar da yake nema. A farkon watan Janairun 1903 Sarki Alu ya tashi da rundunar mahaya zuwa Sakkwato domin yin mubaya'a ga sabon Sarkin Musulmi, kuma yana can ne Kanar Morland ya fasa Bebeji, ya wuce ya ci birnin Kano ranar 3 ga watan Fabrairu. A kan hanyar komowa Sarki Alu ya rabu da rundunarsa cikin dare ya yi arewa, daga baya aka kama shi aka kai shi Yola, sannan Lakwaja inda ya rasu a 1926. Wamban Kano Abbas ya ja wani ɓangare na jama'a ya koma birni ya yi sulhu. Waziri Ahmadu kuwa ya fuskanci sojojin a Kwatarkwashi a ƙarshen watan, aka kashe shi tare da manyan baraden Kano da dama, shi ya sa har yau Kanawa ke kiransa Mai Shahada.

Waɗannan hanyoyi uku da manyan Kano suka bi, wato kaucewa, da sulhu, da tsayawa a mutu, su ne kuma aka shimfiɗa a gaban majalisar Sakkwato. Alƙali Abdullahi ya rubuta risala yana kafa hujja cewa idan Musulmi ba su da ƙarfin tunkuɗe abokan gaba, to hijira ta wajaba a kansu, domin zama ƙarƙashin hukuncin wanda ba Musulmi ba bai halatta ba. Attahiru shi ma ga hijirar zuciyarsa ta karkata. Amma wasu daga cikin manyan fada suna ganin abin kunya ne a bar Hubbaren Shehu ba tare da an zare takobi ba, lokaci kuma ya ƙure kafin a tsayar da magana guda.

Takobi a gaban bindiga mai jigida

Rundunar da ta fita filin Giginya, a kudu da ganuwar Sakkwato, da safiyar ranar 15 ga watan Maris na 1903, runduna ce irin wadda aka saba gani tun zamanin jihadi. Akwai barade a kan dawaki, wasu da sulke wasu da lifidi, akwai dakaru masu kwari da baka, da masu mashi da garkuwa, sai 'yan bindiga ƙalilan. Makamin da ya fi kowane daraja a wurin barde shi ne takobi.

Takobin ƙasar Hausa miƙaƙƙe ne mai kaifi biyu, kuma ba a ɗamara ake soke shi ba, rataya shi ake yi a kafaɗa da hamila, abin da malamai ke dangantawa da koyi da sunna. Wani abin sha'awa shi ne mafi yawan ruwan takubban ba a nan ake ƙera su ba. Daga birnin Solingen na ƙasar Jamus fatake ke kawo su ta Tarabulus, su ratso Sahara a kan raƙuma. Bajamushen nan mai yawon bincike Heinrich Barth, wanda ya shigo Kano a 1851 da sunan Abdulkarim, ya ƙiyasta cewa ana shigo da ruwan takobi kusan 50,000 a kowace shekara. Maƙeran Kano su ne ke sa musu mariƙi, dukawa su ɗinka kube na jar fata, daga nan a sake fitar da su zuwa Barno da Nupe da Abzin. Wato ƙarfen Turai ne baraden Sakkwato suka rataya suka fita tarar Turawa da shi, sai dai ƙarfe ne na wani zamani da Turai ɗin ta riga ta wuce.

Sojojin da Janar Kemball da Kanar Morland suka zo da su 'yan ɗaruruwa ne kawai, kuma in ban da hafsoshi kusan dukkansu baƙar fata ne, da yawansu ma Hausa suke ji. Amma suna da bindigogi masu jigida samfurin Maxim guda huɗu da kuma igwa. Tsarinsu shi ne su yi sahu mai kusurwa huɗu, su jira dawaki su matso. Barde ba ya iya amfani da takobinsa sai ya isa inda hannunsa zai kai, bindigar kuwa tana zubar da harsashi ɗaruruwa a minti guda tun yana nesa. Attahiru yana tsakiya, Marafa Maiturare yana riƙe da ɓangare guda, Sarkin Rabah Ibrahim yana ɗaya ɓangaren. Ba a yi awa biyu ba runduna ta watse.

Waɗanda ba su watse ba su ne 'yan tuta. Sa'i Umaru da wasu tsirarun mutane suka tsaya a gindin tutar Sarkin Musulmi, ba su kai hari ba, ba su kuma ja da baya ba, har aka harbe su ɗaya bayan ɗaya. Hafsoshin Birtaniya da kansu sun rubuta labarin wannan tsayuwa cikin mamaki. Tutar ta faɗa hannun sojoji a ranar, amma aka yi dabara aka sake ɗauke ta, ta koma wurin mai ita.

Hijira

Attahiru ya bar filin ya nufi gabas. Waziri Muhammadu Buhari kuwa, bayan ya yi shawara da malamai, ciki har da Alƙalin Gwandu Ahmadu ɗan Sa'adu, sai ya komo birni ya yi sulhu, bisa fatawar cewa ya halatta a yi mu'amala da mai rinjaye a zahiri domin a tsare addinin talakawan da ba su da ikon tashi. Daga baya ya rubuta risala yana bayyana dalilansa, kuma duk wanda ya san abin da ke cikinta ya san ba da kwanciyar rai ya yanke wannan shawara ba. Ranar 21 ga watan Maris Lugga ya tabbatar da Attahiru ɗan Aliyu Babba a matsayin sabon Sarkin Musulmi, ya kuma bayyana wa manyan gari cewa ikon naɗi da tuɓewa da karɓar haraji ya koma hannun Birtaniya.

A zaton Lugga magana ta ƙare ke nan, har ya tafi hutu Ingila ya bar mataimakinsa William Wallace. Abin da bai lissafa da shi ba shi ne wata tsohuwar magana da ke yawo a ƙasar tun zamanin Shehu, cewa a ƙarshen al'amari jama'ar Shehu za ta yi ƙaura zuwa gabas, wajen kogin Nilu, ta sadu da Mahadi. Sarakunan Musulmi da suka gabata sun sha hana mutane tashi, suna cewa lokaci bai yi ba. Yanzu ga Sarkin Musulmi da kansa a kan hanya, da tuta a gabansa.

Ya bi ta Gusau, ya ratsa kudancin ƙasar Kano ya nufi Misau. Duk inda ya yada zango sai ayari ya ƙaru. Lokacin kuwa bazara ce, ana gyaran gonaki ana jiran saukar ruwa, amma manoma suka ajiye fartanya, masu sarauta suka bar gidajensu, mata da yara da tsofaffi suka ɗaura kaya a kan jakuna da takarkarai. Rahotannin jami'an Birtaniya na wannan lokaci cike suke da fargabar yadda garuruwa ke zama kufai. Manyan da suka rasa ƙasashensu su ma suka hallara: Etsu Nupe Abubakar na Bida, da Sarkin Misau Ahmadu, da Magajin Keffi, da kuma Alfa Hashim da sauran mutanen Alhaji Umaru Futi waɗanda Faransawa suka koro daga yamma shekaru da suka wuce.

Attahiru ya aika wa Turawa takardu yana nuna cewa shi ba yaƙi ya fito ba, hanya kawai yake nema ya wuce. Ba su yarda ba, kuma ta fuskar lissafinsu suna da dalili, domin muddin yana raye yana tafe, to mubaya'ar jama'a tana wuyansa, sarakunan da suka naɗa kuma sarakunan kango ne. Aka saki rundunoni daga Kano da Zariya da Bauchi suna bin sawunsa, suna cizon ayarin ta baya. Akwai wata waƙar Hausa da ake jingina masa, mai suna Waƙar Zuwan Annasara, wadda ke bayyana halin da ake ciki a wannan tafiya da kuma niyyar barin ƙasa.

Burmi

Burmi gari ne mai ganuwa kusa da kogin Gongola, ba nisa da Bajoga ta yau, kuma yana kusa da dutsen Bima wanda jama'a suka daɗe suna dangantawa da bayyanar Mahadi. Mazaunansa mabiya Mahadiyya ne, mutanen Malam Jibrilla Gaini, wanda Turawa suka kama a shekarar 1902. Ranar 13 ga watan Mayun 1903 wata runduna ta Birtaniya ta auka wa garin, aka wuni ana fafatawa, ta kasa shiga, ta janye zuwa Bauchi da raunuka masu yawa. Hafsan da ya jagorance ta sunansa Kyaftin Sword, sunan da a harshensu ke nufin takobi. Mutanen Burmi sun yi asarar rayuka da dama a ranar, amma wannan na daga cikin lokuta ƙalilan da aka kori sojojin Lugga daga bakin ganuwa.

A cikin wannan gari ne Attahiru ya tare daga bisani, da damina ta sauka, koguna suka cika, hanyar gabas kuma ta toshe. Turawa suka tattaro sojoji da igwa har daga Lakwaja, ƙarƙashin Manjo Marsh. Ranar 27 ga watan Yuli, kafin azahar, aka fara luguden wuta a kan ganuwa. An yi yaƙin da ya fi na Kano da na Sakkwato tsanani nesa ba kusa ba, domin a nan ba wanda ya watse. Aka yi ta gwabzawa a bakin ƙofa, sannan lungu-lungu a cikin gari, har faɗuwar rana. Kibiya mai dafi ta sami Manjo Marsh, ya mutu a wurin.

Attahiru ya kasance a masallaci. Da labari ya iso masa cewa an keta ganuwa, sai ya fito a ƙasa ba a kan doki ba, ya nufi inda ake wutar, jama'arsa na biye. A nan harsashi ya same shi. An ƙirga gawawwaki kimanin 90 a kewaye da tasa, cikinsu har da 'ya'yansa biyu. Jimillar waɗanda aka kashe a Burmi a wannan rana ta haura 600, kuma Magajin Keffi na cikinsu. Aka ƙone garin. An kuma datse kan Sarkin Musulmi aka ɗauki hotonsa, domin a tabbatar wa jama'a cewa ya mutu, kada wani ya ci gaba da jiran dawowarsa.

Tsakanin Burmi da Shiroyama

Masu nazarin tarihin duniya za su ga kama tsakanin wannan rana da wata da ta gabace ta da shekaru 26 a ƙasar Japan. A can ma akwai wani rukuni na mayaƙa da ake kira samurai, waɗanda takobi ne alamar darajarsu. Nasu takobin, katana, lanƙwasasshe ne mai kaifi ɗaya, kuma a gida ake ƙera shi daga baƙin yashi mai ƙarfe da ake narkawa kwana uku a cikin tanderun yumɓu. Maƙeri zai yi ta ninke ƙarfen yana bugawa sau goma ko fiye, sannan ya shafa masa laka, kauri a gadon baya, sirara a bakin kaifi, kafin ya tsoma shi a ruwa, ta yadda baki zai yi tauri, baya kuma ya yi danƙo. Toyotomi Hideyoshi ya ƙwace makamai daga hannun manoma a 1588, daga baya kuma ya zama samurai kaɗai ke da izinin soke takubba biyu a ɗamara, dogo da gajere.

Gajeren, ko kuma wata wuƙa da ake kira tanto, shi ne ke da alaƙa da al'adar seppuku, wadda aka fi sani da harakiri. Idan samurai ya sha kaye a yaƙi, ko ya jawo abin kunya, ko ubangidansa ya yanke masa hukunci, sai ya zauna a gaban shaidu ya farke cikinsa da hannunsa, wani amininsa da ke tsaye a baya kuma ya sare masa wuya da dogon takobi domin ya taƙaita masa azaba. A ganinsu wannan ne ke wanke suna, ya kuma tsare mutuncin iyali.

A shekarar 1876 sabuwar gwamnatin Meiji ta haramta yawo da takobi. Shekara guda bayan haka samurai na lardin Satsuma suka yi tawaye ƙarƙashin Saigo Takamori, wanda da hannunsa aka kafa gwamnatin. Ranar 24 ga watan Satumbar 1877 aka ritsa shi a kan tudun Shiroyama da 'yan ɗaruruwan mutane, harsashinsu ya ƙare, ga sojojin gwamnati kimanin 30,000 a kewaye. Harsashi ya same shi, sai na hannun damansa Beppu Shinsuke ya sare masa kai bisa al'ada, sauran kuma suka zare takubba suka gangara cikin wuta.

Kamar ta tsaya ne a kan takobi da bindiga da ƙin miƙa wuya. Game da yadda za a mutu kuwa, hanya ta rabu. Abin da Japanawa suka ɗauka a matsayin cikar mutunci, a shari'ar da Attahiru ya tashi a cikinta babban zunubi ne, domin rai amana ne, ba mallakar mai shi ba, kuma malamai ba su yi saɓani a kan haramcin mutum ya kashe kansa ba, ko da a filin daga ne rauni ya tsananta masa. Shi ya sa a tarihin ƙasar Hausa da wuya a ji sarkin da ya yi haka. Wanda ake ambata shi ne Sarkin Katsina Magajin Halidu, wanda aka ce ya faɗa rijiya a Ɗankama bayan da masu jihadi suka ci shi a wajajen 1807, kuma ba a ba da labarin a matsayin abin yabo. Ƙofofin da fiƙihu ya buɗe wa shugaban da aka fi ƙarfi su ne waɗanda aka tattauna a Sakkwato. Attahiru ya gwada yaƙi bai yi nasara ba, ya nemi hijira aka tare masa hanya, kuma ko a ranar ƙarshe ba shi ya ɗaga makami a kan kansa ba.

Akwai kuma bambanci a abin da ya biyo baya. Gwamnatin da ta yaƙi Saigo ta 'yan ƙasarsa ce, ta yafe masa a 1889, aka kafa masa mutum-mutumi a Tokyo, kuma shekaru biyu bayan Burmi sojojin Japan ɗin nan suka kayar da Rasha da makaman zamani. Attahiru kuwa ya faɗi ne a hannun baƙi waɗanda suka ci gaba da mulkin ƙasar har shekaru 57, kuma a tsawon wannan lokaci ba sunan da ake ɗagawa a fili ba ne.

Waɗanda suka tsira

Ɗansa Muhammadu Bello, wanda ake kira Mai Wurno, ya fita daga Burmi da rai, ya ja ragowar jama'a suka ci gaba da tafiya. Sun ratsa ƙasashen Chadi da Darfur cikin shekaru, har suka isa gaɓar Shuɗin Nilu a ƙasar Sudan. Ƙasar da suka tarar ita ma tana hannun Birtaniya, tun bayan da aka karya daular Mahadiyya a yaƙin Omdurman a 1898. Duk da haka aka ba su wuri suka kafa gari kusa da Sennar, wanda ya ɗauki sunan Mai Wurno, kuma zuriyarsu na cikin al'ummar Hausa da Fulani da ake kira Fallata a Sudan. Alfa Hashim ya wuce har Madina, inda ya zama babban malamin Tijjaniyya da alhazan Afirka ta Yamma ke sauka a wurinsa.

A gida kuma sarauta ta sake zagayowa gidan Atiku a shekarar 1915, lokacin da aka naɗa Marafa Maiturare, wanda ya tsaya tare da ɗan'uwansa a Giginya, ya riƙe ta har 1924. Tutar da aka ɗauka daga gefen gawar Attahiru a Burmi ta zauna a hannun sojoji fiye da rabin ƙarni, sai a shekarar 1960 aka mayar da ita Sakkwato, aka damƙa ta ga Sarkin Musulmi Abubakar na Uku.